Ƙirar Lokaci: Tsafin da Tsatsa Ta Fi Masa Zinariya Sauƙi

Daga cikin baiwar da marubutan ƙagaggun labarai ke rataya wa taurarinsu, akwai wadda ba ta kama da sauran. Mai ita ba ya hura wuta da baki, ba ya tashi sama, ba ya kiran aljanu. Yakan ɗora hannu ne kan abu ya taɓa lokacin da ke gudana a cikinsa: ya ingiza shi gaba, ko ya ja shi baya, ko ya tsayar da shi cak. Kwaɗon ƙarfe ya zama garin tsatsa a tafin hannunsa. Tulun da ya fashe ya koma ɗungurungum. Nonon da aka tatsa bana ya kai baɗi bai yi tsami ba. Zan kira wannan fasaha ƙirar lokaci, mai yin ta kuma maƙerin lokaci. Babu ita a duniya, ta labari ce zalla. Amma matasanmu na nan Tawa da ke gwada alƙalami sun fara shigo da ita cikin rubutunsu, ana kuma tafka musu a kanta a fada idan shayi ya yi nisa, shi ya sa na ga ya dace a zauna a warware ta da kyau, don tana da zurfin da yawancin masu amfani da ita ba su taɓo ba.

Tatsuniyarmu ta daɗe da koya mana cewa baiwa ba ta zuwa ba sharaɗi. Wanda aka ba zobe an ce masa kada ya waiwaya, wadda aka ba ƙwarya mai cika kanta an ce kada kishiya ta ji. Ko a bakin mafarauta da 'yan tauri, kowane asiri da makarinsa. Mai sauraro ba ya damuwa da ko abin zai yiwu. Abin da yake sa wa ido shi ne ko mai labari zai riƙe dokar da ya kafa da bakinsa. Ƙirar lokaci tana da daɗi ta wannan fuska, domin ba sai marubuci ya ƙago mata dokoki ba. Suna nan kwance cikin halin abubuwa, tono su kawai zai yi.

Babbar dokar ita ce maƙerin lokaci ba ya kawo abin da babu. Kowane abu yana da hanyar da ya biyo da wadda zai bi, ikon maƙeri kuwa bai wuce ya kai shi wani zango a kan wannan hanya ba. Nan ne marubuta da yawa ke zamewa, saboda kwaɗayin tsohon mafarkin masu alkimiyya tun zamanin Jabir ibn Hayyan har zuwa Turawan da suka gaje shi, wato mayar da dalma zinariya. Sai ka ga tauraro ya riƙe dunƙulen dalma, ya zuba mata shekara dubu, ta fito rawaya tana ƙyalli. Wannan karya doka ne. Abin da ya sa dalma take dalma shi ne adadin ƙananan ɓarɓashin da ake kira furoton, da ke tsakiyar ƙwayar zarrarta, guda 82, zinariya kuwa 79 gare ta. Dalmar da ke hannun masu gyaran batir ta riga ta kai masaukinta, ko shekara biliyan nawa aka zuba mata tana nan dalma, iyaka fuskarta ta dusashe. Gaskiya ne masana sun taɓa yin zinariya daga wani ƙarfe: a 1980 Glenn Seaborg da abokan aikinsa a Amurka sun samar da ita daga bismut ta hanyar harbin ƙwayoyin zarra da babbar na'ura, abin da suka samu kuma 'yan dubban ƙwayoyi ne da ido ba ya gani. Ƙarfi ne ya yi wannan aiki, jira ba ya yin sa.

Akwai dai ƙarfen da jira ke sauyawa, mu 'yan Nijar kuma mun fi kowa sanin sunansa. Yuraniyom ɗin da ake haƙa a Arlit tun 1971, kusan dukansa nau'in 238 ne, wanda rabinsa ke rikiɗewa cikin shekara biliyan 4.5. Yana bin matakai 14, ya ratsa ta radiyom da radon da foloniyom, ya je ya tsaya a dalma. Wani kaso na dalmar duniya ta wannan hanya ya samu. Ke nan maƙerin da ya ja dalma baya yana neman arziki, zangon farko da zai tarar foloniyom ne, gubar da ɗigonta ke kashe mutum. Marubucin da ya san wannan ya samu babi guda kyauta, ya kuma fi na zinariya tsuma jiki.

Haka zancen gawayi da daimon. Duka biyun kabon ne, shi ya sa ake ɗauka cewa gawayi in ya tsufa zai zama daimon. Amma daimon yana samuwa ne a ƙarƙashin ƙasa, zurfin da ya kai kilomita 150 ko fiye, inda matsi da zafi suka wuce misali. Gawayin da ke gefen murhu ba ya kan wannan hanya. Ko gawayin ƙasa irin na Salkadamna a jiharmu, ko na Anu Araren da ke ba arewacin Nijar lantarki, tsirrai ne da laka ta binne ta raba su da iska, ƙasa ta hau kansu ta danne har miliyoyin shekaru. Itacen da aka bari a fili, gara ce rabonsa.

Wannan ya kawo mu ga abin da nake ganin shi ne ƙashin bayan maganar baki ɗaya: lokaci shi kaɗai ba ya aikata komai. Muna cewa zamani ya ci tufa, shekaru sun cinye gini, amma in ka duba da kyau, iska ce da ruwa da zafi da ƙwari da ƙwayoyin da ido ba ya gani suka yi cin. Lokaci kamar ranar kasuwa yake: ita ba ta saye, ba ta sayarwa, amma sai ta ci ake ciniki, in kuma ba wanda ya kawo kaya haka za ta wuce fili wayam. Addininmu ma ya ja kunne a nan. A Suratul Jasiya an kawo maganar masu cewa ba abin da ke halaka su sai zamani, aka nuna ba su da ilimin abin da suke faɗa, hadisi ingantacce kuma ya hana zagin zamani domin Allah ne ke jujjuya dare da rana. A Suratul Baƙara, aya ta 259, akwai ƙissar mutumin da aka matar shekara ɗari aka tashe shi, ya tarar abincinsa da abin shansa ba su sauya ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Wannan aya ce ta ikon Ubangiji, ba ta da alaƙa da tsafin labari, kuma ina roƙon marubuta kada su cakuɗa su. Na kawo ta ne don a ga cewa tunanin abubuwa biyu a wuri ɗaya, shekaru su ci ɗaya su bar ɗaya, ba baƙo ba ne a kunnen Bahaushe.

In lokaci ba ya aiki shi kaɗai, to tambayar da maƙeri zai fara amsawa ita ce: me ke cikin da'irar da ya zana, me ke wajenta? Duk gwanintarsa a wannan iyaka take. Ya kewaye ƙwaryar nono, ƙwayoyin da ke sa tsami suna ciki tare da abincinsu, aiki zai tafi, sai dai in ya zarce ya samu ruɓa maimakon kindirmo. Ya kewaye zuma a rufaffiyar kwalba, zai zuba shekaru ya gaji ba ta lalace ba, don ba ta da ruwan da ƙwayoyin cuta za su rayu a ciki. Da tsohuwar zuma ake magani, Hausawa sun riga sun faɗa. Ya kewaye zoben zinariya, babu abin da zai faru ko kaɗan. Ya kewaye sabon daɓen siminti da ke buƙatar kwana 28 kafin ya kai ƙarfinsa, dole ya sa ruwa a cikin da'irar, in ba haka ba ya samu bene mai tsagewa. Saboda haka maƙerin lokaci na ƙwarai sai ya zama majemi, marini, magini kuma mai daddawa a lokaci guda, ya san me ke cin me. Ni wannan ne ya sa nake son fasahar. Tana tilasta wa tauraro ya zama mai ilimin sana'a, ya yi zaman koyo a gaban na gaba da shi, maimakon ya wayi gari da iko a hannu.

Mu ɗauki ingizawa gaba, wadda ake ganin ita ce mai sauƙi. Tauraro yana kurkuku, ƙofa da kwaɗon ƙarfe mai nauyin kilo ɗaya. Ya ɗora hannu zai mayar da shi tsatsa. Tsatsa haɗuwar ƙarfe ce da iskar oksijin, ruwa ko danshi na taimakawa. Kilo ɗaya na ƙarfe yana shan oksijin kimanin gram 430 kafin ya ƙare, wato duk abin da ke cikin iskar da ta cika wuri mai faɗin mita ɗaya, tsawon mita ɗaya, tsayin mita ɗaya da rabi. In ɗakin ƙarami ne ba taga, numfashinsa yake sayarwa. Kuma tun ƙarshen ƙarni na 18 masanin sinadarai Lavoisier ya nuna cewa nauyi ba ya ɓacewa ba ya ƙaruwa daga babu, don haka garin tsatsar zai fi kwaɗon nauyi. Ga kuma babbar matsala: tsatsa ƙuna ce mai tafiyar hawainiya. Zafin da kilo ɗaya na ƙarfe ke fitarwa yayin da yake zama tsatsa ya isa ya kai ruwa fiye da lita 20 ga tafasa. A shekara ɗari ba wanda zai ji shi. A sakan biyar kuwa, wuta ce a tafin hannu. Duk abin da aka gaggauta, zafin da ya kamata ya fita sannu a hankali zai fito a dunƙule. In yuraniyom kilo ɗaya aka ingiza shekara biliyan 4.5 a ƙiftawar ido, lissafi ya nuna ƙarfin da zai fito ya haura na nakiyar TNT tan 2,000. Maƙerin da ya gwada wannan ba za a samu wanda zai ba da labarinsa ba.

Mai rai ya fi wuya. Kowane marubuci ɗan Adar, da ya tuna shekarun da damina ta yanke hatsi na tsaye bai cika ido ba, zai so ya ba tauraronsa ikon nunar da gero cikin minti ɗaya. Na fahimci wannan buri, ni ma ina jin sa a raina. Amma duba lissafin. Gero mai kwana 90 in aka matse shi cikin minti ɗaya, lokacin cikin da'irar ya ninka na waje sau 129,600. Rana tana waje, haskenta na shigowa da tafiyar waje. Abin da tsiron zai samu cikin wata ukunsa hasken minti ɗaya ne tak, ruwan sama kuwa ko ɗigo. Zai mutu cikin duhu da ƙishi. Haka mai rauni da aka ce za a warkar ta hanyar tura shi mako uku gaba. In dukan jikinsa ke ciki, mako uku zai yi ba ci ba sha, ɗan Adam kuwa kwanaki kaɗan yake jurewa ba ruwa. In hannun da ya ji ciwo kaɗai aka kewaye, zuciya tana waje tana bugawa da tafiyarta, hannun zai yi mako uku da jinin 'yan bugu kaɗan, ya ruɓe. Hanyar da ta rage ita ce a shigar da mai jinya da abinci da ruwa da fitila cikin da'irar, su yi zamansu na mako uku cur, su fito mu a wajenmu minti ɗaya ya wuce. Ka ga ba a rage wa kowa wahala ba. An ɗauke ta ne daga idon na waje kawai, mai jinyar kuma ta fito ta girmi sa'o'inta da mako uku. Uwar da ta yi wannan sau da yawa don 'ya'yanta za ta yi furfura kafin yayarta. A nan labari yake.

Kada a ɗauka cewa saɓanin gudun lokaci tatsuniya ce gaba ɗaya. Einstein ya nuna a 1905 cewa agogon da ke gudu yana jinkiri, daga baya kuma ya ƙara da cewa ƙarfin jan ƙasa ma yana rage masa tafiya. A Oktoban 1971 masana biyu, Hafele da Keating, suka ɗauki agogunan zarra, masu auna lokaci daidai ƙwarai, suka zagaya duniya a jirgin fasinja, sau ɗaya gabas sau ɗaya yamma. Da suka dawo, na tafiyar gabas sun yi baya da kashi 59 cikin biliyan na sakan, na yamma sun yi gaba da kashi 273. Taurarin GPS da wayarka ke dogara da su, agogunansu na gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana, da ba a gyara wannan ba da kuskuren taswira ya kai wajen kilomita 10 a yini. Abin lura shi ne duk waɗannan agoguna gaba suke tafiya, wani da sauri wani a hankali. Ba a taɓa ganin wanda ya juya ba.

Ja baya shi ne zuciyar fasahar, shi ne kuma abin da ya fi taɓa mai karatu, domin kowa yana da abin da yake so a dawo masa da shi. A ce a cikin labari wata tsohuwa ta zo da toka ƙulle a bakin zane, gobara ta ci takardar gonar mijinta, dangi na neman ƙwacewa.

"Ɗana, ga abin da ya rage. Ka mayar min da ita."

"Inna, ina sauran?"

"Wane saura? Duk na kwashe, ko ƙwaya ban bari ba."

"Hayaƙin nake nufi, Inna."

Amsarsa daidai ce. Idan itace ya ƙone, tokar ba ta wuce kashi 1 ko 2 cikin 100 na nauyinsa, sauran ya tashi sama a matsayin iskar kabon da tururin ruwa. Takarda ma mafi yawanta sama take tafiya. Kafin tsohuwar ta iso, iska ta kai wani ɓangaren takardarta Ƙwanni, wani ya shiga ganyen bedi, wani yana cikin huhun akuya. Zafin gobarar ma ya bazu, shi ma dole a tattaro shi a mayar. Wannan ce dokar da masanin kimiyya Clausius ya sa wa ma'auni a 1865, wadda ke cewa abin da aka bari da kansa watsewa yake ƙara yi, ba ya tattaruwa. A 1927 wani masanin, Eddington, ya kira ta kibiyar lokaci. Hanyoyin da tulu zai bi ya fashe ba su ƙirguwa, hanyar da zai bi ya haɗu guda ɗaya ce rak. Don haka in marubuci yana son adalci ga fasaharsa, tsadar ja baya ta riƙa hawa da nisan watsewa. Tulun da ya fashe yanzu a cikin ɗaki, duk ɓaraguzansa na nan, mai sauƙi ne. Takardar da ta ƙone jiya, sai babban gwani, ta kuma fito da huji. Wadda ta ƙone bara, a yi haƙuri.

Amma ba a ce ba a taɓa mayar da abu baya a duniya ba. Maƙeranmu na Adar sun yi ta yi ƙarni bayan ƙarni, har wata mai nazarin al'adu 'yar Faransa, Nicole Echard, ta zo ta zauna da su a shekarun 1960 ta rubuta yadda suke aikin. Tama ba komai ba ce illa ƙarfen da ya riga ya sha oksijin, 'yar'uwar tsatsa. Su kuma sukan jera ta da gawayi a murhu mai zafin da ya kai digiri 1,200, kabon ɗin gawayi ya ƙwace oksijin ɗin, ƙarfe ya fito, kashin tama ya koma gefe. Sun warware abin da aka ƙulla, amma da me suka biya? Da itatuwan da aka sare aka toya, da kwanakin gumi, da hayaƙin da ya cika sararin sama. An gyara ɗan wuri, an watsa babban wuri. Ko firigo haka yake yi, yana sanyaya ciki yana zubar da zafi ta bayansa, yana kuma cin lantarki. Wannan ce ƙa'idar da nake ba kowane marubuci shawarar ya ɗauka ɗungum: duk shekarar da maƙeri ya cire daga wani abu, sai ta sauka a kan wani. Ya sabunta takobi, katangar gidan ta zube. Ya mayar da ƙuruciyar doki, gonar da ke kusa ta bushe. In ba abin da zai ɗora wa, jikinsa ne ke ɗauka. Kuma in ya ja abin da ya ƙone baya, dole wurin ya yi sanyi ƙarara, don zafin da ya fita da farko sai an samo shi daga wani wuri.

Akwai tarko biyu da marubuci zai rufe da hannunsa. Na ɗaya wuri ne. Duniya na zagaya rana da gudun kusan kilomita 30 a sakan, inda muke jiya ya yi nisan kilomita miliyan 2.6 daga inda muke yau. In ja baya ya haɗa da wuri, tulun zai haɗu ne a sararin samaniya. Sai a kafa doka tun farko cewa siffa ce ke komawa, wuri ba ya komawa. Na biyu shi ne ina za a tsaya. Farar ƙasar da masana'antar siminti ta Malbaza ke toyawa, ragowar halittun teku ce, daga zamanin da ruwan gishiri ya rufe wannan yanki wajen shekara miliyan 60 da suka wuce, har yau ana tsintar ɓawon dodon koɗi da ya zama dutse a tuddan Adar. Maƙerin da ya ja dutsen ya zarce, laka da ɓawo zai tarar a hannu. Rigar da aka so a sabunta za ta iya komawa zare, ta koma auduga. Sanin inda za a ɗauke hannu rabin sana'ar ne.

Game da mutum kuwa, ra'ayina a fili yake: kada ƙirar lokaci ta tayar da matacce. Rai ba toka ba ne da za a tattaro, kuma mai karatu Musulmi zai ajiye littafin a nan. Ko ta fuskar labari, da zarar mutuwa ta zama abin warwarewa, ba sauran fargaba. Ko mai rai aka ja baya, ƙwaƙwalwarsa ma jiki ce. Wanda aka mayar shekara goma baya don a raba shi da cuta, zai farka bai san matarsa ba, bai san 'ya'yan da ya haifa ba, haddar da ya yi a tsakani ta tafi.

Saura tsayarwa, wadda ake yi wa kallon ƙaramar baiwa. Abin da lokacinsa ya tsaya ba ya yankuwa, ba ya ƙonewa, ba ya lanƙwasa, domin duk waɗannan sauyi ne, sauyi kuwa sai da lokaci. Ƙyallen atamfa da aka tsayar ya fi sulke, burin 'yan tauri ya cika. Sai dai marubuci ya yanke shawara ko ana iya ganinsa da ɗaga shi, tunda ko maido da haske motsi ne a cikin abu. Ya zaɓi ɗaya ya tsaya a kai.

Amma ni ba a fagen yaƙi nake ganin ƙarfin tsayarwa ba, a kasuwa nake ganinsa. Duk wanda ya san Galmi da Madawa ya san yadda albasa take. Ana cire ta a bazara, wajen Maris da Afrilu, ta cika ko'ina farashi ya faɗi warwas, a daidai lokacin da zafi ke haura digiri 40. Manomi ya zuba ta a rudu yana fatan ta kai ƙarshen shekara da buhu ke tsada, manyan motoci na jiran kai ta Kumasi da Abijan, ruɓa kuma na cin rabonta kowane mako. Ƙa'idar masana sinadarai ita ce ƙarin zafin digiri 10 yakan kusan ninka saurin irin wannan lalacewa. Duk dabarunmu na ajiya yaƙi ne da masu cin, ba da kwanaki ba. Mai kilishi da mai cuku suna janye ruwa. Buhun wake mai hawa uku, da masana na jami'ar Purdue ta Amurka suka yaɗa a yankinmu daga 2007, yana toshe iska ne ƙwaro ya mutu a ciki. Maƙerin lokaci zai yi dukan wannan da taɓawa ɗaya, kuma ba ruɓa ko ta albasa guda.

To wa zai mallake shi? Ƙaramin manomi mai buhu goma da bashi a wuya ba zai iya biyansa ba, ko ya biya ma ba zai iya jira ba, don masu bin sa kuɗi ba su tsaya ba. Attajirin da ke saye a bakin gona shi zai ɗauke shi aiki. Mu da muka ga 2005, bayan fara da ƙarancin ruwa na 2004, mun san cewa a Tawa da Maraɗi da Damagaram akwai hatsi a kasuwa, kuɗin sayensa ne ya gagari talaka. Abin da ke tilasta wa mai ɓoye abinci ya buɗe sito, baya ga tsoron Allah, shi ne ƙwaro da ɓera da danshi, don ya san in ya daɗe kayansa za su lalace. A cire masa wannan fargaba, zai iya riƙe hatsin shekara bakwai yana jiran shekarar da ruwa zai ƙi. Kuma bisa ƙa'idar da muka kafa, shekarun da aka hana hatsinsa su ci sai sun sauka a wani wuri. Marubuci ya zaɓi inda za su sauka: kan rumbunan maƙwabta da ke cika da ƙwari ba a san dalili ba, ko kan yaran shagon da ke gadin sito suna tsufa kafin a yi musu aure, ko kan maƙerin kansa, wanda attajirin zai ɗaure da bashi don kada ya koma wajen wani. Alƙalin garin kuma aka kawo masa takardar gona da ta yi jawur da tsufa, bai da hanyar sanin ko ta kaka ce ko jiya aka rubuta ta aka zuba mata shekara sittin.